Bakin Da Ya Faɗa

Ruwan shuka ya sauka ranar Laraba da la'asar, kafin hantsin Alhamis motar Yaya Naziru tana tsaye a gindin gawon da ke bakin gandunmu. Ƙasa ta sha ta ƙoshi. Yashin da jiya yake ƙona tafin ƙafa yau ya yi duhu ya yi laushi, ƙamshinsa na shiga hanci har maƙoshi. Maza sun jera da sungumi a kafaɗa, mu mata muna bayansu da ƙoƙuna, kowa yana jiran hannun da zai jefa irin farko.

Tun rasuwar mahaifinmu hannun nan na Yaya ne. Haka gidanmu ya gada: babban ɗa shi ke zuba ƙwayar farko a ramin farko, ya rufe da diddige, sannan kowa ya kama aiki. Ko yana tsakiyar shari'a a Yamai, da an buga masa waya an ce ruwa ya sauka, sai ya taho. Mutanen ƙauyenmu, nan kusa da Tabla, Zuzu suke kiransa, kamar yadda muke kiran kowane alƙalin gwamnati. Amma a gona ba mai tuna wannan. A gona Naziru ne kawai, mai ƙafa kamar ta raƙumi, wanda nake tsokana ina cewa lakwal, wato makarantar boko, ta gyara masa kai ta manta da tafiyarsa.

Ya tuɓe takalmi ya bar su a mota, ya naɗe wando, ya ratso gonar yana murmushi har inda Baba Baƙo, ƙanin mahaifinmu, yake tsaye da ƙoƙon iri. Ya durƙusa ya gaishe shi, ya miƙe, ya miƙa hannu biyu.

Baba Baƙo ya mayar da ƙoƙon bayansa.

"Sannu da hanya, Zuzu. Ka sha tahiya. Koma inuwa ka huta."

"Ban gaji ba, Baba. Miƙo mini irin, rana na ɗagawa."

"Bana Ali za ya zuba."

Ali ɗan Baba Baƙo ne, magidanci mai ƴaƴa, amma a lokacin ya sunkuyar da kai yana tonon ƙasa da babban yatsa. Yaya ya dube shi, ya dubi sauran maza. Babu wanda ya yarda suka haɗa ido.

"Mi ya hwaru, Baba?"

"Hannunka ya yi nauyi, ɗana. Iri ba shi son hannu mai nauyi."

Ba wanda bai gane ba. A wajenmu, in an ce hannun mutum ya yi nauyi, ana nufin ya kashe rai. Irin wannan mutum ba ya taɓa iri, ba ya buɗe rumbu, ba a miƙa masa jariri ranar suna. Al'ada ce ta kakanni. Liman kan ce ba ta cikin littafi, amma ban taɓa ganin ya karya ta ba. To yau ga shi an ɗora ta a kan yayana, mutumin da ko kaza matarsa Samiratu sai ta kira maƙwabci ya yanka mata. Ni Dijatu ina tsaye da ƙoƙona, haushi ya cika ni, domin na san yadda nauyin nan ya hau hannunsa, na kuma san waɗanda suka ɗora shi.

* * *

Shekarun baya aka kashe Abdu, ɗan Malam Moussa maƙwabcinmu. Wanda ya kashe shi Ɗanjimma ne, mutumin Tungar Ɗangoma, ƴar rugar nan ta bayan dutse inda har yau suke riƙe da bori da addinin kakanni. Gonakinsu sun haɗa iyaka, layin gamba ne ya raba su. Kowace damina gambar sai ta matsa, kowa kuma ya rantse ba shi ya matsar da ita ba. Aka je gaban maigari, aka dawo, aka sake komawa. Wata ranar kasuwa Ɗanjimma ya laɓe a cikin sabara da gatari, ya jira Abdu ya dawo daga Filingué a kan jakinsa.

Ba zan wanke Ɗanjimma ba. Abdu ya bar mace da ciki, kuma ni na ga gawar. Shi ma Ɗanjimma bai wanke kansa ba, da jandarma suka zo sun same shi zaune a ƙofar bukkarsa, gatarin yana gefe. Samarin ƙauyenmu suka so su cinna wa Tunga wuta, da ƙyar dattawa suka riƙe su da alkawarin cewa hukuma za ta biya musu.

Shari'a ta yi ta jan ƙafa har ta kai Yamai, kuma cikin ikon Allah ta faɗo a teburin Yaya. Shi ba dangin kowa ba ne a cikinsu, doka ba ta hana shi zama ba, amma ya yi niyyar janyewa. Labari ya iso gida. Kafin mako ya zagayo sai ga dattawa a ƙofarsa, Baba Baƙo a gaba, Malam Moussa a bayansa, da wasu masu furfura da ba sai na kira sunansu ba.

Ina gidan a lokacin, na je taya Samiratu wankan jego. Ni na dafa musu shinkafa da zabi, suka ci har ƙashi suka tauna, sannan suka gyara zama. Ina kwashe kwanuka ina ji.

"Mun ji kana son ka aje shari'ag ga," in ji Baba Baƙo. "Allah ya ba mu namu bisa kujera, rana ta zo, sa'annan shi gudu? In ka aje, da wane ido za mu koma gida?"

Yaya ya ce, "Baba, wanda ya yi kwanto ya kashe, doka kisa ta ce. Tana kuma barin alƙali shi sassauta in ya ga dalili. Ni ba ni son in zama mai zaɓe tsakanin biyun ga. Ɗanjimma tare munka yi kiwon awaki."

Malam Moussa ya fashe da kuka, irin kukan tsoho mai sa mutum ya kau da kai. "Ba sassauci, Naziru. In ba a ce kisa ba, ni ban iya riƙe samari. Ɗana ba akuya ba ne."

Sai Baba Baƙo ya matso ya sassauta murya, kamar yadda yake yi in yana son sayen tunkiya da araha. "Kuma wa aka kashewa ƙasag ga? Tun kana goye ba a sake harbe kowa ba. Magana ce ta baki. Ka hwaɗa, zukata su yi sanyi, in bikin ƙasa ya zo shugaba shi yi ahuwa. Nauyin ba naka ba ne. Bisa wuyanmu shike, mu duka. Kai bakinmu ne kawai, mu ne masu magana."

"Mu duka," in ji sauran, kowa ya dafa ƙirjinsa. Na gani da idona, ina riƙe da kwanon wanke hannu.

Ban ce don su ya yanke hukuncin ba. Yaya ya ce doka ya bi, shi da abokan zamansa, kuma na yarda da shi. Amma don su ya zauna bai janye ba. Mutum ne da bai taɓa iya ce wa babba a'a ba, su kuwa sun san haka tun yana yaro.

* * *

Na je kotun ranar yanke hukunci. Yaya ya shigo cikin baƙar rigarsa, fuskarsa kamar ba tasa ba, ya karanta da Faransanci, tafinta ya mayar da Hausa. Da kalmar kisa ta fito, sai Ɗanjimma ya ɗaga kai ya dubi Yaya, ba fushi ba tsoro, ya tambaya kamar mai tambayar ranar kasuwa.

"Yaushe?"

Tafinta ya juya ya mayar da tambayar. Yaya ya buɗe baki ya rufe. Takardar da ke gabansa ba ta faɗi rana ba, ba kuma zai iya cewa a gaban jama'a abin da ya karanta yanzu ba za a yi shi ba. Gardi suka fita da Ɗanjimma bai ji komai ba.

Tanne, uwar Ɗanjimma, tana zaune a benci na baya. Ita ba ta tambayi kowa komai ba. Ta ji kisa daga bakin Zuzu, ta ɗaure zanenta, ta nemi motar gida. Mutanen Tunga ba su san zancen afuwa ba, babu kuma wanda ya ga ya kamata ya gaya musu. A wurinsu in babba ya faɗi magana a gaban taro, ta riga ta faru. Saboda haka suka yi wa Ɗanjimma abin da ake yi wa mamaci. Aka fasa ƙwaryar da yake shan fura, matarsa ta shiga takaba, aka yi sadaka, masu goge suka yi masa sallama. A al'adarsu kuma, wanda aka riga aka yi wa kuka ba a sake kiran sunansa, balle a je gaishe shi.

A ƙauyenmu kuwa guɗa aka yi. Baba Baƙo ya zaga kasuwar Filingué rumfa rumfa, rawaninsa har yana karkacewa, yana cewa, "Ɗanmu ne, ni na yi mishi kaciya." Malam Moussa ya aika wa Yaya rago, Yaya ya mayar da shi. Suka ce kunya ce irin ta ƴan boko.

Da Yaya ya ji abin da aka yi a Tunga, sai ya aike ni. Ina sayar da kopto, wato kwaɗon ganye, da dambu a kasuwa, Tanne kuma takan kawo daddawa, don haka ba wuya na same ta. Na durƙusa a gabanta na ce, "Inna, Zuzu ya ce in hwaɗa miki ɗanki na nan da rai gidan kaso. Ba a kashe shi ba, ba kuma za a kashe shi ba. Ya ce ku tai ku gane shi, ku kai mishi ko ɗan gari."

Ta daɗe tana jera daddawarta kafin ta dube ni.

"Ɗiyata, da kunnena na ji. Ya hwaɗa gaban jama'a, cikin rigar hukuma. Yanzu ya aiko ƙanwarshi ta raɗa mini cikin kasuwa wai wasa ne. To wace ce ta gaskiya? In ta gaban jama'a ƙarya ce, shi koma gaban jama'a shi hwaɗi haka. Ni ban iya yi ma ɗa guda kuka sau biyu."

Na kai wa Yaya amsar yadda take. Ta waya ya ce mini, "Ta hi ni gaskiya, Dija."

Daga nan yayana ya fara ƙarewa a tsaye. Mutum mai son dariya ya koma ba ya gama tuwonsa. Duk ranar bikin ƙasa sai ya zauna da rediyo a cinya tun safe, yana jiran sanarwar afuwa, yara na wasa a tsakar gida ba ya ganinsu. Ya tambayi na sama da shi, suka ce ya yi haƙuri, layi ne, zai zo. Wani ma ya yi masa dariya ya ce in kowane alƙali zai riƙa bin waɗanda ya ɗaure da zuciya, ai kotu sai ta koma gidan makoki.

Gardin kaso ne ya gaya masa sauran. Ya ce kullum da safe in an buɗe ƙofa, Ɗanjimma sai ya miƙe ya naɗe tabarmarsa ya tsaya, yana zaton yau ce. An gaya masa ba a kashewa, ya ce to me ya hana mutanensa zuwa? Kowa a ɗakin ana kawo masa ɗan abin gida, shi ba a taɓa kiran sunansa a ƙofa ba. Tari ya kama shi, ya daina cin abinci, ya rasu afuwar ba ta iso ba.

Aka aika Tunga su zo su ɗauki gawa. Suka ce ba su da mamaci a Yamai, nasu sun daɗe da sallamarsa. Yaya ne ya sayi likkafani, ya tsaya a bakin kabarin shi da gardi da masu haƙa.

A daminar da ta biyo baya tsutsa ta shiga zangarniya, rumbuna suka tashi rabi. Mutanenmu kuwa ba sa barin masifa ta wuce ba su nemo mata uba ba. Aka fara raɗe-raɗi a bakin rijiya, wai alhakin Ɗanjimma ne, wai ƙasa ta ƙi jinin da ba a wanke ba. Ina ji ina cewa a raina, to madalla, yanzu masu dafa ƙirji za su fito su ce nasu ne. Na manta irin mutanen da aka haife ni a cikinsu. "Mu duka" ɗin nan ta yi ta ƙanƙancewa daga bakin rijiya zuwa ƙofar masallaci, har ta koma mutum ɗaya, wanda ba ya gari balle ya kare kansa.

* * *

A gonar, Yaya bai ɗaga murya ba. Hannayensa suna nan a miƙe, kamar ya manta da su.

"Baba, ba ku kunka zo gidana ba? Ba kai ka ce nauyin bisa wuyanku shike ba?"

"Mun zo," in ji Baba Baƙo. "Roƙo munka yi. Mai roƙo yana roƙon abin da ya ga dama, mai bayarwa shi ka da zaɓi. Mu ba mu yi lakwal ba, ba mu san doka ba. Kai ka sani. Bakin wa ya hwaɗa?"

"Kun ce ni bakinku ne."

"Ɗana, ƙasa ba ta san wannan ba. Muryar da ta ji ita ta sani."

Na ajiye ƙoƙona na ce, "Baba, ni na dahwa muku zabin da kunka ci. Ina tsaye kunka dafa ƙirji."

"Dijatu, maganar maza ce."

"Ranar ma maganar maza ce, ga inda ta kai mu."

Wata daga cikin matan gidan ta ja mini zane. Yaya ya juya wajen iyakar gona, inda Malam Moussa yake tsaye da sandarsa yana kallo. Ya tsufa ƙwarai, idanunsa sun yi fari-fari. Yaya ya taka har gabansa ya durƙusa.

"Malam, kai ka yi kuka cikin ɗakina. Hwaɗa musu."

Tsohon ya ce, "Naziru, zafin rai ne. Uba in an kashe mishi ɗa, mi ne ba ya hwaɗi? Ni dai ban ji sanyin da anka ce za ni ji ba. Abdu bai dawo ba." Ya share ido da bakin riga. "Da ka ba ni lokaci, da ka sake tambayata, wataƙila da na yahe. Amma ka yi sauri."

Shekara da shekaru shari'ar nan tana jan ƙafa, wai ya yi sauri. Na so in yi dariya, kuka ya zo mini. Abin da ya fi ci mini rai shi ne tsohon ba ƙarya yake yi ba, ya riga ya gaya wa kansa haka har ya yarda. Duk sun yarda. Sun kwana sun tashi sun sami kansu da tsabta, kuma ba su ga abin da suka yi wa kowa ba.

Yaya ya miƙe ya kakkaɓe gwiwarsa. Na zaci zai tuna musu cewa gandun na mahaifinsa ne, cewa da takarda ɗaya zai iya raba su da shi. Bai yi ba. Ya dubi Ali ya ce, "Zuba, ƙanena, kada ƙasa ta sha iska. Ka yi bisimilla." Sannan ya juya ya nufi mota.

Na bi shi da gudu. Yana zaune a kujera, ƙofa a buɗe, yana goge yashin ƙafarsa da hannu a hankali.

"Yaya, kada ka tahi haka. Ka tsaya ka ci musu mutunci ko sau ɗaya."

"In ce musu mi, Dija? Ba su yi ƙarya ba, ni na hwaɗa. Na ɗauka dai za mu ɗauke shi tare." Ya sa takalminsa. "Koma ki yi shuka. Hannunki lahiya lau shike."

Ya tayar da mota. A bayana na ji sungumi ya fara sara, mata sun ɗauki waƙar shuka kamar kowace shekara.

* * *

Ban koma gandun ba sai da aka fara noman farko. Ruwa ya yi ta zuwa a kan kari, gero ya tsiro ya yi kore shar, layi bayan layi har gindin dutse. Ina isa gindin gawo na tsaya.

Wata ƴar siririyar hanya ta farar ƙasa ta ratsa koren. Ta tashi daga inda motar ta tsaya, ta miƙe zuwa tsakiyar gona, ta karkata zuwa iyakar Malam Moussa, ta dawo. A wuri biyu ta ɗan yi faɗi, inda ya durƙusa. Matar Ali ce ta gaya mini, tana kallon gefe: bayan tafiyarmu Baba Baƙo ya ce duk inda sawun Zuzu yake a tsallake shi, kada a sa iri.

Ina tsaye a wurin wayata ta yi ƙara. Yaya ne. Ya tambayi yara, ya tambayi kasuwa, ya yi ta kewaye-kewaye kafin ya iso inda yake son zuwa.

"Dija, shuka ta tsiro?"

Na dubi hanyar. Har ciyawa an bi an cire mata, ta fito fes.

"Ta tsiro, Yaya."

"Ko'ina?"

"Ko'ina," na ce.

"To alhamdu lillahi," in ji shi, na kuma ji a muryarsa ya yi murna.